Kiran Larai a Bakin Gulbi

Tibiri, kafin asuba

Ba a kira assalatu ba motar Alhaji Mamman ta tsaya a ƙofar gidanmu. Maigidana ya rako ni har waje riƙe da jakata, ya yi mana addu'a, ya ce wa direba, "Sanusi, ban da gudu." Sanusi ya ce, "In sha Allahu, Baba." Muka hau kwalta gari bai waye ba, ba kowa a hanya sai masu shayi da ke hura wuta.

Ga wanda bai san ni ba, sunana Rabi. Na daɗe ina koyar da tarihi a lakol, wato makarantar boko, kafin in koma rubuta wasan rediyo, daga nan na faɗa rubutun fim. Finafinan yaƙi nake rubutawa, na zamanin dawaki da masu da kwari da baka. Mutane kan yi mamaki in suka ji mace ce ke rubuta su. Ni kuwa ban ga abin mamaki ba. A Tibiri aka haife ni, garin da Gobirawa suka kafa bayan yaƙi ya raba su da tsohon birninsu. Kowane gida a nan yana da labarin wani kaka da ya fita da doki bai dawo ba.

Alhaji Mamman shi ke zuba jari, shi ke ba da umarni wurin ɗauka. Kakanninsa fatake ne da suka zo daga Jibiya. Mun fi shekara ashirin muna aiki tare. Fim ɗinmu na farko da dawakin aro muka yi shi, da garkuwar kwali da aka shafa wa baƙin fenti. Tun daga lokacin aka san ni da tsanani. Na sha tsayar da aiki rana tsaka saboda na hango takalmin roba a ƙafar mayaƙi, ko agogo a hannun mai busa ƙaho.

Sabon labarin da na rubuta na wani gari ne a bakin gulbi, wanda mahara suka faɗa wa da sassafe suka ƙone. Wani jarumi mai suna Jatau ya tattara waɗanda suka tsira. Babban wuri a cikin fim ɗin shi ne gudun mutanen gari: wuta, hayaƙi, mata da yara suna watsewa cikin daji. Tafiyar nan mun yi ta ne don mu karɓo makamai, mu nemo filin da za a gina garin da za a ƙone, mu kuma samo mutanen da za su yi gudun.

Agye

Mun yi sallar asuba a wani masallaci na bakin hanya, muka miƙa gabas. A shingen Cadawa wani jandarma ya karɓi takardunmu, ya leƙo cikin mota, ya daɗe yana duban Alhaji.

"Ku ne masu fim ɗin dawaki?"

"Mu ne."

"To me ya sa kuka kashe mai farin dokin nan? Matata kwana ta yi tana kuka."

Alhaji ya nuna ni da babban yatsa. "Ga wadda ta kashe shi nan baya."

Jandarma ya girgiza kai, ya miƙo takardu, ya ce, "Madan, a riƙa tausayi." Muka wuce muna dariya.

An gama kaka. Ko'ina ka duba rumbuna ne sababbi da tarin kara, da amalanken jakai ɗauke da harawa. Da hantsi muka shiga Agye. Muka karya da kunu da ƙosan dala ashirin-ashirin a bakin tasha, sannan muka nufi maƙerar Illo, wanda ke yi mana makamai tun fim na biyu.

Ya shimfiɗa mana tabarma, ya fito da takubba ɗaure cikin buhu. "Malama, ga su. Ban wasa ko ɗaya ba, yadda kika ce." Na zaro ɗaya na shafa bakinsa da yatsa. Ko albasa ba zai yanka ba. Ina mayar da shi sai na hango wasu kawunan mashi jere a gindin bango, suna ƙyalli.

"Waɗancan fa, na wa ne?"

"Na mutanen yamma ne, masu gadin gari." Ya goge hannunsa da gefen riga. "Da can, in ba ku ba, ba mai sa ni ƙera mashi. Fartanya da lauje da gatari, su ne abincina. Yanzu kowane wata sai an aiko. Su kuma da kaifi suke so."

Sanusi ya ɗora buhun a bayan mota, muka yi sallama.

Gazawa

Daga Agye zuwa Gazawa ba nisa. An kwatanta mana wani fili wajen Gulbin Kaba, mai rairayi da goruba. Muka bar mota a bakin hanya muka taka. Wurin ya yi kyau ƙwarai, sai dai duk inda Alhaji ya juya kyamara, ga doguwar eriyar waya tsaye a bayan goruba. Muka haƙura.

Mun sauka gidan Madan Hadiza, wadda muka koyar tare shekarun baya. Ta yi mana tuwon gero da miyar kuka da man shanu. Kafin la'asar maƙwabta sun cika tsakar gida, kowace da wayarta, ana nuna mini finafinaina kamar ban taɓa ganinsu ba. Wata ta ce ɗanta yana Libiya, can ma ya kalla. Wata ta ce ƙanwarta da ke aure a ƙauyen da ko kwalta babu, a wayar mai caji suke taruwa su gani. Na yi murna, ban kuma ɗauki maganar da wani nauyi ba.

Bayan la'asar Alhaji ya same ni a zaure.

"Malama, na yi tunanin masu gudu."

"Ina ji."

"Akwai ƴan gudun hijira wajen Cadakori, waɗanda ƴan bindiga suka koro daga ƙetaren iyaka. Suna zaune, ba gona ba sana'a. Mu ba su aikin, su samu na cefane. Kuma su ba sai an koya musu ba."

Na ɗago na dube shi. "Alhaji, ka ji abin da ka faɗa?"

Ya sunkuyar da kai ya yi istigfari. Can ya ce, "Na ji. Bakina ya yi kuskure. Amma yunwar da suke ciki ma gaskiya ce. A tambaye su dai. In sun ce a'a, magana ta ƙare."

Na san Alhaji ba mugu ba ne. Shi ya yi jinyar wani ɗan wasanmu da doki ya kayar, har ya miƙe. Na ce to, a tambaya. Amma tuwon Hadiza na dare kaɗan na taɓa.

Sae Sabuwa

Washegari muka juyo yamma. Rana ta take kafin mu bar kwalta mu kama hanyar Sae Sabuwa. Rairayi ya riƙe mota sau biyu, daga ƙarshe muka bar ta wurin Sanusi muka hau babura. Wani ƙauye a arewa da garin muka nufa, kuma a nan muka samu abin da muke nema: fili shimfiɗaɗɗe, gawo da kuka jefi-jefi, ba turken lantarki, ba rufin kwano, sai garken shanun Fulani can nesa.

Maigarin tsoho ne mai sanyin magana. Alhaji ya yi masa bayani: za mu gina bukkoki na kara, mu ɗauki hoto, ranar ƙarshe mu cinna musu wuta. Ya saurara har ƙarshe, ya ce ya yarda.

"Sai dai abu guda. Ranar da za ku sa wutar, ku hwaɗa mini tun da sauran kwanaki. In aika ƙauyukan da ke kewaye, in aika rugage. Wanga zamani in anka hangi hayaƙi da ihu da dawaki, wani sai shi kwashi iyalinai shi shiga daji. Wata mai ciki sai ta ɓare."

A finafinan da muka yi a baya, ba wanda ya taɓa roƙonmu haka. Yara ne ma ke biyo hayaƙin da gudu don su sha kallo.

Aka kawo mana fura mai sanyi a ƙwarya, muka sha, muka koma wurin mota.

Cadakori

Mun shiga Cadakori ranar kasuwa. Sai da muka fara zuwa buro, wato ofishin hukuma, muka gabatar da kanmu, aka haɗa mu da wanda zai kai mu. Mazaunin baƙin yana bayan gari: ɗakuna ƙanana a jere, wasu na laka, wasu na tamfol, da famfo guda da mata suka yi wa layi.

Dattijonsu, Malam Nomau, muka samu a inuwar bishiyar bedi yana tufkar igiya. Dogon mutum ne, da tsagen Gobir a kumatu irin na mahaifina. Da ya buɗe baki sai na ji kamar a zauren gidanmu nake. Iyaka ce kawai ta raba mu, harshe ɗaya ne. Maza suka taru. Alhaji ya yi magana a hankali, wannan karon ya zaɓi kalmominsa.

Wani magidanci ya ce shi zai yi, gudu dai ai ba a kansa aka fara ba, kuma yaransa suna buƙatar sutura kafin sanyi. Wani ya miƙe ya kaɗe rigarsa ya tafi. Malam Nomau bai daina tufka ba.

"Alhaji, mun gode da kunka tuna da mu. Amma fim ana ganin huska?"

"Ana gani."

"To nan gizo... a'a, bari in hwaɗa maka kai tsaye. Kowa nan yana da nashi can baya. Wani uwa, wani ƙane. Mutanen nan da sunka koro mu suna kallon waya kamar kowa. In sunka ga huskar ɗayanmu cikin fim, cewa za su yi wane ya samu duniya. Su je su ɗauki ɗan'uwanai, su ce a kawo abin da ba mu da shi. Mun gani da idonmu, kan abin da bai kai wannan ba."

Alhaji ya juyo ya dube ni. Ni ma ban taɓa kawo wannan a raina ba. Na bar su na shiga wurin mata.

Suka karɓe ni da fara'a, aka ba ni kujerar tsugune. Sun riga sun ji abin da ya kawo mu. Muna cikin gaisawa wata mace ta ratso ta zauna dab da ni. Ba za ta wuce shekara arba'in ba, siririya, hannunta duk ya yi kanta saboda surfen da take yi wa mutanen gari. Sunanta Asabe.

"Malama, fim ɗin nan naku, har ina shika kaiwa?"

Na ce mata yana kaiwa nesa, har inda ni kaina ban sani ba.

"Har ƙauyukan kudu? Har inda ƴan gudu ke zaune?"

"Duk inda waya take."

"To ni ina so. Ku sa ni. Ba kuɗi nika so ba."

Sauran matan suka sunkuyar da kai, da alama sun san abin da za ta faɗa. Ta ba ni labarin ba tare da ta ɗaga murya ba. Ranar da abin ya faru, da safe ta aiki babbar ɗiyarta Larai ƙauyen da ke ƙetaren fadama, ta kai wa ƙanwar Asabe mai jego gari da daddawa. Larai ba ta daɗe da fita ba aka ji baburan ƴan bindiga. Mijin Asabe a ƙofar gida ya cika. Ita ta goya ƙarami, ta ja mai bi masa, ta bi mutane arewa. Mutanen wancan ƙauyen kuwa kudu suka yi. Damina biyu ke nan. Ta aika saƙo ta bakin fatake, ta bakin direbobi, ta ba masu rajistar ƴan gudun hijira sunan yarinyar. Wani ya ce ya ga mai kama da ita tana tallar ruwa a wata tasha. Wani ya ce ba ita ba ce.

"Yarinyar akwai son kallo. Sau nawa na doke ta kan ta tsaya gidan maƙwabta wurin waya, tuwo na ƙonewa. In tana da rai, Malama, tana kallo. In ta gan ni, ta san ban mutu ba."

Na riƙe hannunta. Na gaya mata abin da Malam Nomau ya ce. Ta miƙe ta ce in biyo ta. A gaban mazan nan duka ta durƙusa ta gaishe shi, ta faɗi buƙatarta.

"Asabe," in ji shi, "ƙanenki na can. In anka ɗauke shi saboda huskarki, wa za shi hwanso shi? Ke?"

Ta ɗago kai. Sannan ta ce, "To a ɗauke ni ta baya, Baba. Ɗiyata ba ta buƙatar huskata. Ta san muryata."

Malam Nomau ya ajiye igiyar. "Murya dai, ba su san ta kowa ba. Ba saurare ya kawo su garinmu ba." Ya dubi Alhaji. "In ta baya ne, ban hana ba."

Alhaji ya ja ni gefe. "Malama, babu wannan matar a labarinki."

"Za ta shiga. Bayan an ƙone gari, wata uwa tana bin bakin gulbi tana kiran ɗiyarta."

"To ta kira. In yarinyar ta ji, ina za ta neme ta?"

"Za ta faɗi inda take."

"Cadakori? A fim ɗin zamanin kwari da baka? Ke da kike tsayar mini da aiki saboda takalmin roba?"

Na ce masa ban sani ba ko akwai kasuwar Cadakori a wancan zamani, kuma ba ni da niyyar bincikawa. Ya daɗe yana kallona, sannan ya ce ƙaramar kyamarar da muke duba filaye da ita tana da kyau, abin ɗaukar murya ma yana mota. Ba sai an jira ranar fara aiki ba.

Mun kwana a garin, gidan wani abokin cinikin Alhaji. Kafin magariba na zauna na rubuta wa Asabe abin da za ta faɗa, jimloli masu daɗi, irin waɗanda na saba rubutawa.

Gidan Rumji

Da sassafe muka ɗauki Asabe, Malam Nomau ya shiga gaba a matsayin uba. Ita ta roƙi a kai ta wuri mafi kusa da gida, ta fuskanci kudu. Muka yi niyyar gangarawa wajen Gidan Sori. A Gidan Rumji jandarmomi suka ce a'a. Babbansu ya yi mana magana cikin mutunci: baƙi da mota da kyamara, a waccan hanyar, ba zai ɗauki alhakinmu ba. Ya ce ga gulbi nan bayan gari, mu yi abin da za mu yi kafin rana ta yi zafi.

Ruwan ya ja baya, saura kududdufai da wata siririyar hanya da ba ta wuce gwiwa ba. A ƙetare masu lambu sun fara aiki, ana jin ƙarar injin ban-ruwa can nesa. Alhaji ya aika aka roƙi mai injin ya kashe na ɗan lokaci. Na fito da baƙin zanen saƙi daga jakar kayan wasa na ɗaura wa Asabe. Ita da kanta ta cire takalmanta ta ajiye a gindin wata tsamiya. Ta tsaya a bakin ruwa ta ba mu baya.

Na karanta mata abin da na rubuta, ta maimaita. Ta yi ƙoƙari, amma maganar ba ta zauna a bakinta ba. Muka sake, ba ta canza ba. Alhaji ya ɗago daga kyamara.

"Asabe, bar wannan. Kira ta kawai, yadda kike kiranta a gida."

Ta yi tsaye kamar ba ta ji ba. Sannan ta kai hannu ɗaya gefen baki.

"Larai! Ke Larai!"

Ban san jikin nan nata yana ɗauke da murya irin wannan ba. Ta ratsa ruwan ta bi lambuna. Tsuntsaye suka tashi daga tsamiya.

"Laraaai! Taho gida, rana ta yi!"

Sai daga ƙetare, cikin lambuna, wata murya ta amsa.

"Na'am!"

Malam Nomau ya miƙe tsaye yana salati. Wata budurwa ta fito daga bayan shingen zogale riƙe da bokiti, tana kare rana da hannu. Kafin wani ya motsa Asabe ta faɗa ruwa. Ta yi tuntuɓe ta faɗi, ta tashi, zanen ya jiƙe ya naɗe mata ƙafafu, ba ta tsaya ba. Na tattare zanena na bi ta.

Saura taku kaɗan ta isa, sai ta tsaya cak. Yarinyar ta fi Larai ɗinta haske, in ji Asabe daga baya, ta kuma fi ta tsawo. Suka tsaya suna kallon juna. Yarinyar ta ajiye bokiti, ta rusuna.

"Inna, ni kike kira?"

Asabe ta dubi fuskarta. Ta matsa ta shafa kan yarinyar, ta gyara mata ɗankwalin da ya zame. "Ranar Laraba anka haihe ki?"

"I, Inna."

"Allah shi raya ki. Allah shi bar ki da uwarki."

Uwar yarinyar ta fito daga cikin lambu tana tambayar lafiya. Na gaya mata a taƙaice. Ta kama Asabe ta zaunar da ita a kan kunya, ta zauna kusa da ita. Nan Asabe ta yi kukan da ba ta yi ba jiya a gaban mata. Matar ta riƙe ta, ita ma tana share hawaye, yarinyar na tsaye ta rasa inda za ta sa kanta. Na juya na dubi ƙetare. Alhaji ya kifar da kyamara tana kallon ƙasa, ya cire hula.

Da muka dawo, ya ce, "Ya isa. Abin da muka samu ya wadatar. Mu kai ta gida."

Asabe ta matse bakin zanen, ta share fuska. "Ban gama ba, Alhaji. Ban hwaɗi wurin ba."

Ta koma daidai inda sawunta yake a bakin ruwa, ta ba mu baya. A ƙetare uwar ta ja ɗiyarta suka shige cikin lambu. Alhaji ya ɗaga kyamara.

"Larai! Ni ce. Ban mutu ba, ƙannenki ma suna nan. Ina Cadakori. Ki tambaya kasuwa, wurin masu surhe. Ina jiran ki."

Muryar ta dushe a kalmar ƙarshe. Alhaji bai ce a sake ba.

Muna shirin tashi yarinyar ta ƙetaro da damin zogale da tumatir a ƙwarya, ta ce innarta ta ce a ba baƙuwa.

Komawa

Muka kama hanyar Cadakori. Asabe ta yi barci, kanta a kafaɗata, ƙwaryar tumatir a cinyarta. Mun kusa shiga gari Alhaji ya gaya wa Malam Nomau cewa shi ya janye maganar sa su gudu a fim. Mutanen Sae Sabuwa za su yi, su da abin bai taɓa faɗa wa ba. Amma yana neman masu gina bukkoki da masu yanko kara da masu dafa abinci, aikin makonni, kuma ba a ganin fuskar kowa.

Malam Nomau ya ce, "Wannan muna iyawa. Bukka kam mun ƙware." Sannan ya ƙara da cewa, "Sai dai ranar da za ku sa wutar, ku bari mu taho gida tukuna."

Alhaji ya ce ya yi alkawari.

Mun sauke su a gindin bedin nan. Asabe ta tuɓe zanen saƙi ta ninke ta miƙo mini. Ta tambaye ni yaushe fim zai fito. Na gaya mata gaskiya, sai bayan rani, wataƙila har damina. Ta gyaɗa kai ta ce, "Ina nan. Ba inda za ni."

Ana kiran magariba muka shiga Tibiri. Maigidana yana ƙofar gida bisa tabarma. Ya tambaye ni ko an samu fili, na ce an samu. Ya dubi fuskata bai ƙara tambaya ba, ya ce a kawo mini ruwa.

Na gode wa Allah da ya kai mu lafiya ya dawo da mu lafiya. Na gode wa Illo, da Madan Hadiza, da maigarin da ya ba mu filinsa, da jandarmomin da suka hana mu abin da muke so don su tsare rayukanmu, da matar lambu da ban ko tambayi sunanta ba. Na sauya sunayen mutanen Cadakori a wannan rubutu saboda dalilin da kuka riga kuka ji. Suna ɗaya ne kawai na bari yadda yake, na Larai.

Har yau da nake rubutun nan ba a ji labarin ɗiyar Asabe ba. Fim ɗin yana hannun masu haɗawa. Idan ya iso gare ku, a tsakiyarsa za ku ga wata mace tsaye a bakin gulbi ta ba ku baya. Ina roƙonku da girman Allah, kada ku wuce wurin, kuma ku ƙara murya. In kuna kallo cikin taro, a tasha ko a wurin mai caji, ku dubi ƴan matan da ke kusa da ku. In kun ga wata ta miƙe tsaye, ku tambaye ta sunanta, ku sa ta a motar Cadakori.